Sunansa na kan bango a Yamai, amma wa ya ga kwaɗin Mustafa Alasan?

Mushen Zane:
Assalamu alaikum jama'ar Adar, na gida da na nesa. Makon jiya na je Yamai kai takardu, na bi ta gaban cibiyar al'adun nan da ke kallon gidan tarihi, wadda a da ake kira CCFN Jean Rouch. Tun 2024 aka sauya mata suna zuwa Moustapha Alassane. Na daɗe tsaye ina duban sunan, raina fari ƙal, don mutumin nan a garinmu Tawa ya yi zaman ƙarshen rayuwarsa. Da na dawo na shiga aji ranar Litinin sai na tambayi yara, su hamsin da 'yan kai, wa ya san shi. Hannu biyu suka tashi. Ɗaya ya ce mai otal ne, ɗayan ya ce ya ji sunan a rediyo. Ko mutum guda a cikinsu bai taɓa ganin minti ɗaya na aikinsa ba.

Ga wanda bai sani ba, mai shirya fina-finai ne ɗan Nijar, an haife shi a 1942, ya rasu ranar 17 ga Maris 2015 a Wagadugu. Kanikanci ya fara koya, kuma hannunsa ya iya zane tun yana yaro. Kafin ya riƙe kamara, da kwali da hasken fitila yake jefa inuwar zanensa don mutane su kalla. A cibiyar bincike ta IFAN a Yamai ya haɗu da Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fina-finai, daga nan hanya ta buɗe masa zuwa Kanada, wurin Norman McLaren, mutumin da ya shahara da yin zane kai tsaye a jikin zaren fim ba tare da kamara ba. A 1965 ya fito da La Mort de Gandji, zane mai motsi, ya ci kyauta da shi a bikin fasahar baƙar fata na Dakar a 1966. Ya kuma shugabanci sashen silima na jami'ar Yamai shekara 15.

Abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, mun ba shi bango, ba mu ba shi ido ba. Mutumin da ya ƙare rayuwarsa wajen sa abu marar rai ya motsa, girmama shi shi ne a zauna a kalli abin da ya motsar. Ina son jin ta bakinku, musamman manya da suka ga zamanin.

Ɗan Kasuwar Ƙoni:
Wa alaikumus salam Mushe. Allah ya jiƙansa. Amma a bar ni in faɗi abin da ke raina. Na ga ɗan guntun nan na kwaɗo da ke shiga jirgi, wani ya tura mini. Minti biyar, babu labari, babu hirar da za ka riƙe. Yaranka ba su san shi ba don ba domin su aka yi ba. Turawa ne suka ba shi lambar girma a bikin fina-finai na Kan da ke Faransa a 2007, su ne suka nuna fina-finansa a gidan adana kayan fasaha na MoMA da ke New York a 2017. Mu nan fim ɗin Kano muke kallo, don da bakinmu yake magana, kuma matsalar gidanmu yake taɓawa. Abin da kasuwa ta ƙi, ba za ka ɗura wa mutane shi ba.

Baba Tsohon Direba:
Ɗana na Ƙoni, ka yi sauri. Kwaɗon da kake faɗi shugaban ƙasa ne, sunansa Sim, ya tafi ziyara ƙasar maƙwabta. Ka sake duba shi da kyau: jerin gwanon sojoji, busa, gaisuwa, masu take masa baya, duk kwaɗi. A 1966 anka yi shi, shekara shida ke nan da samun mulkin kai. Mu da munka tsaya bakin hanya cikin rana tun hantsi muna jiran wucewar manya, an ba mu tuta mu kaɗa, ba mu buƙatar a fassara muna shi. Lokacin jam'iyya guda ce a ƙasa, ba ka iya buɗe baki ka ce wannan hidima ta yi yawa. Shi sai ya sa kwaɗo ya faɗa. Gatanarmu ma haka take, in ana son gaya wa sarki gaskiya gizo aka turawa.

Ɗan Kasuwar Ƙoni:
Baba, na karɓi wannan. Ban duba shekarar ba. Amma maganata ta kasuwa tana nan.

'Yar Bilbis:
Kawu na Ƙoni, kasuwar ba ta ƙi shi ba, ba a kai mata shi ba ne. A shekarun nan kamfanoni biyu na Faransawa, COMACICO da SECMA, su ke riƙe da rarraba fina-finai da yawancin gidajen silima a ƙasashenmu masu Faransanci. Abin da suka sayo da araha shi suke sakawa, na kaboyi da na Indiya da makamantansu. Ɗan ƙasa ya yi fim da guminsa, samun allo ya zame masa aiki. Shi ya sa Alasan ya riƙa ɗaukar injin nuna fim da kansa yana zagaya garuruwa. Wanda ya yi wa Turawa aiki ba zai wahalar da kansa a hanyar ƙauye ba.

Kuma ka dubi sunayen. Fim ɗinsa na 1962 sunansa Aouré, wato aure da rubutun Faransanci. Kokoa kuwa kokawa ce, tamu ta fili. Kwaɗo da hawainiya da tsuntsu ne 'yan kokawar, ƙaguwa ce alƙalin wasa. Ɗan Tawa, garin da aka fara gasar kokawa ta takobin ƙasa a 1975, ba ya buƙatar a ce masa ga abin da ake yi a wannan fili.

Ƙaramin gyara kuma, don na ga ana yawan rubuta cewa shi ne ya fara zane mai motsi a duk Afirka. A Masar an yi tun shekarun 1930. Yana cikin na farko a kudu da Sahara, wannan kuma ya ishe shi girma, ba sai mun ƙara gishiri ba.

Tela na Wadata:
Ni ba ni da ilimin tarihi irin na ƙanwata, amma ina da abin da hannuna ya gani. Bara ɗana ya nuna mini Kokoa a waya. Abin da ya fara kama idona ɗinkin ne, don sana'ata ce. Na ce ai wannan zan iya. Na tattara ƙyallayen da suka rage a shago, na lanƙwasa waya na yi ƙashin kwaɗo, na cusa auduga, na sa maɓallan riga biyu a matsayin idanu. Yinin farko ke nan. Washegari muka ɗaure wayar salula da roba a bakin turmi don kada ta girgiza, muka shimfiɗa yashi a faranti ya zama fili. Ka matsa ƙafar kwaɗo kamar faɗin ƙwayar gero, ka janye hannu, yaro ya danna. Ka sake matsawa, ya sake dannawa. Hoto 12 ke ba da daƙiƙa ɗaya. Daga azahar zuwa magariba muka ɗauki hoto 120, wato daƙiƙa goma.

Da muka haɗa muka kunna, kwaɗon ya yi tafiya, wallahi sai da tsigar jikina ta tashi. Amma hasken sai ƙyaftawa yake kamar walƙiya, inuwar kuma ta zagaya daga gabas zuwa wani gefe, don rana ba ta tsaya jiranmu ba. Muka koma ɗaki muka rufe taga muka kunna ƙwan lantarki. Muna tsakiyar aiki wuta ta ɗauke, yaro ya yi tuntuɓe da turmin, duk aka koma farko.

Daga ranar na daina ce wa aikin mutumin nan wasan yara. Ni ina ganin hoton nan take, in ya ɓaci in goge. Shi a zamaninsa zare ne mai tsada, ba ya ganin abin da ya ɗauka sai an kai an wanke an dawo da shi.

Mushen Zane:
Tela, ka biya ni. Bari in ƙara lissafi a kan naka. Silima hoto 24 take ci a daƙiƙa, minti ɗaya 1440 ke nan. Ko da mai zane ya maimaita kowane zane sau biyu don sauƙi, minti biyar ɗin da ake rainawa zane 3600 ne. Da hannu, ɗaya bayan ɗaya, kowane ya bambanta da na bayansa da ɗan abin da ido ba ya kamawa. Ni a aji abin da nake yi shi ne in sa yara su zana ɗan mutum a kusurwar kaye, shafi talatin, su murza da babban yatsa. Ranar da aka yi wannan ba a jin ƙarar ƙararrawa.

Almajirin Malam:
Ina da tambaya, kuma ba don ɓata hira ba. Mushe, kana koya wa yara zana mai rai, Tela kuma yana ɗinka siffa. Hadisai a kan masu yin sura suna da tsanani, kowa ya sani. Mamaci mun bar shi da Ubangijinsa, Allah ya gafarta masa. Amma mu masu rai da ake kira mu yi koyi, ina matsayin abin?

Tela na Wadata:
Malam, tambayarka ta dame ni kafin in sa allura. Na je na tambayi limamin unguwarmu. Ya karanta mini hadisin da ke cikin Buhari cewa Nana A'isha tana wasa da 'yan tsana a gidan Manzon Allah, tsira da aminci su tabbata a gare shi, da wanda ke cikin Abu Dawuda na doki mai fukafukai. Ya ce da wannan ne malamai da yawa suka sauƙaƙa a kan abin wasan yara da abin koyarwa, wasu kuma suka tsananta. Ya ce in kiyaye kada a girmama siffar, kada kuma ta hana salla. A kan haka na tsaya.

Almajirin Malam:
Na gode da ka tambaya kafin ka yi. Ni ina tare da masu tsanantawa a kan siffa mai jiki, ba zan ɓoye ba. Amma saɓanin sananne ne, ba zan ce da kai ka fita hanya ba.

Inna ta Yamai:
'Ya'yana, kun tsaya kan kwaɗi kun manta da mutane. Ni fim ɗinsa da ya zauna mini shi ne Le Retour d'un aventurier, na 1966. Saurayi ya dawo daga tafiya da akwati cike da kayan kaboyi, huluna da takalma da bindigogi, ya rarraba wa abokansa. Kowa ya ajiye sunan da ubansa ya raɗa masa ya ɗauki na Amurka, suka hau dawaki suna korar raƙuman dawa, suka addabi gari, har wasa ya koma zubar da jini. Muna 'yan mata a lokacin, samarin Yamai haka suke, tafiyarsu da tsayuwarsu duk daga allon silima suka kwaso. Ya ɗauki abin da suke so ya juya musu shi su ga kansu.

Yanzu ku dubi mai dawowa daga Abijan ko Libiya da jaka da sabon suna da sabuwar magana, ku ce mini fim ɗin ya tsufa. Ƙasar Adar ta fi kowa sanin wannan, gida nawa ne babu ɗan ci-rani?

A ciki ne Zalika Souley ta fara fitowa, mace bisa doki da wando da hula. Abin da ta sha a bakin mutane ba kaɗan ba ne, don a lokacin ba a raba ɗan wasa da rawar da ya taka. In ta fito a muguwar mace, a titi ma muguwa ake ganinta. Ta rasu a 2021. Duk mai maganar Alasan ya sa ta a addu'a, ita da Oumarou Ganda da ya ciyo mana babbar kyautar farko ta FESPACO, bikin fina-finan Afirka na Wagadugu, a 1972.

Ɗan Kasuwar Ƙoni:
Inna, Allah ya ƙara girma. Wannan da kika faɗa fim ne mai labari, irinsa zan zauna in kalla. To me ya sa bai tsaya a nan ba? Yau zane, gobe kaboyi, jibi 'yan tsana. Ɗan kasuwa in ya samu abin da ke tafiya, riƙe shi yake.

'Yar Bilbis:
Kawu, nan ne muka rabu da kai. Shi ba haja ɗaya ya kasa ba, tambaya yake bi: wannan labarin, da me ya fi dacewa a faɗe shi? Da ya so taɓa masu rusa kuɗin gwamnati don burga, ya yi F.V.V.A. a 1972 da mutane na gaske, sunan ma kirarin zamanin ne, mace da gida da mota da kuɗi. Da fari ya kama ƙasa a farkon shekarun 1970, ya ɗauko labarin Boubou Hama ya yi Toula tare da wata Bajamushiya, Anna Soehring, labarin yarinyar da aka ba da ranta don ruwa ya sauka. Ka yi tunanin kallon wannan a lokacin da dabbobi ke faɗuwa a hanyar Abalak. Da ya zo kan tatsuniyar jarumi a Samba le Grand, 1977, sai ya koma 'yan tsana, don tatsuniya in ka sa mata fuskar maƙwabcinka ta rage armashi. Da kwamfuta ta zo yana da shekaru, bai ce ya tsufa ba, ya zauna ya koye ta a nan Tawa, ya mai da wani sashe na otal ɗinsa ɗakin aiki.

Masu karatun silima suna ce wa irin wannan fim na gwaji. Ni a ganina halin bakanike ne bai bar shi ba: in babu kayan gyara, a ƙera.

Ɗan Kasuwar Ƙoni:
To Rouch fa? Ba don Bature ya ɗauke shi ba, da wa zai san shi? An cire sunan ubangida an sa na yaro, shi ke nan.

Baba Tsohon Direba:
A'a ɗana, kada ka ce yaro. Rouch ya buɗe mishi ƙofa, gaskiya ne, kuma ba mu musun alheri. Amma Rouch mutane shika bi da kamara, bai zana kwaɗo ko guda ba. Abin da Mustafa ya yi nashi ne. Abota ce ta tsawon rai tsakaninsu. Haɗarin motar da Rouch ya rasu cikinshi a Fabrairun 2004, kan hanyar nan taku ta Ƙoni ya faru da dare, suna tahowa Tawa, kuma Mustafa na cikin motar. Na yi shekara talatin ina bin wannan hanya, na san yadda take in duhu ya yi. A Yamai anka rufe Rouch. Ni da za a bi tawa, da an bar wa kowane wurin da za a tuna shi, ba sai an ture wani ba. Amma wannan maganar manya ce.

Abin da ni ka tunawa shi ne daren silima a ƙauye. A ɗaure farin zane tsakanin itace biyu, injin shina ruri, ƙwari na yawo cikin hasken. Yara su zagaya bayan zanen su ga ko mutanen na can. Tsohuwa ta riƙa yi wa na cikin fim faɗa. In zare ya tsinke a yi ta ihu har a liƙa. Gari duka wuri guda. Yanzu kowa da silimarshi a tafin hannu, amma ba a kallon komi tare sai ƙwallo da kokawa.

'Yar Bilbis:
Baba ka taɓo inda ke mini ciwo. Lokacin da nake rubutun kammala karatu na nemi fina-finan nan a Yamai. Wani ofishi na je sau huɗu. Na farko aka ce mai makulli ba ya nan, na biyu aka ce in rubuto takarda, na rubuta, na uku aka ce takardar ba ta iso ba. Na huɗu wani dattijo ya ji tausayina ya buɗe mini kabad, kaset-kaset ne ƙura ta rufe, babu injin da zai karanta su. Na fito na zauna bakin titi na yi kuka. A ƙarshe wata ɗaliba a Faransa ce ta taimaka mini na ga uku daga ciki. Ɗiyar Tawa, sai ta bi ta Faransa kafin ta ga aikin da wani sashensa a Tawa aka yi shi.

Mushen Zane:
Ƙanwata, wannan shi ne dalilin da ya sa na buɗe maganar. To kada mu watse a kan kuka. Ina da bangon lakkol mai farin fenti, zan nemi izinin darakta. Wa ke da injin haska hoto?

Ɗan Kasuwar Ƙoni:
Injin haskawa ban da shi, amma ina da gurup, injin ba da wuta, da lasifika biyu, zan sa a mota in kawo, man ma ni zan zuba. Sharaɗina ɗaya, a fara da na kaboyin da Inna ta faɗa. Ina son in gani da idona ko zai riƙe yaran da suka saba da fim ɗin Kano. In suka watse kafin a gama, zan dawo nan in faɗa.

Inna ta Yamai:
Ka kawo gurup ɗinka ɗana, ba za su watse ba. Amma kafin ku haska komai, ku je ku gai da iyalinsa ku nemi yardarsu. Aikin mahaifinsu ne, haƙƙinsu ne, kuma wataƙila su nuna muku inda za ku samu kwafi mai kyau, ba wanda ya dusashe a intanet ba. Kada ku aika saƙon waya. Ku taka da ƙafa, ku tafi da babba.

Baba Tsohon Direba:
Ni ne babban. Mushe, ka biyo mini ranar Juma'a bayan an sauko masallaci.

Tela na Wadata:
Zan zo da kwaɗona da turmin. In an gama kallo, yaro duk da ke so ya matsa ƙafar sau ɗaya ya danna, mu ga daƙiƙa nawa za mu tara kafin man gurup ya ƙare. Mushe, ka tanadi faranti da yashi mai laushi, na bakin tabkin Babaye ya fi, a tankaɗe shi tukuna.